Ban da Fuskarta

Wataƙila wasu abubuwan sun cuɗe mini, domin an kwana biyu. Amma ga yadda nake tuna shi.

Ban daɗe da gama lakkwal, wato makarantar ungozoma, ba aka turo ni ɗakin haihuwa a Dakoro. Shugabarmu tana son a ɗauki haihuwa a bidiyo don koya wa ɗalibai, kuma ni aka miƙa wa kamara, ina jin don hannuna ba ya rawa sosai. Wadda ta yarda wata matashiya ce daga wani ƙauye wajen Kornaka. Mijinta ma ya amince. Sharaɗi ɗaya ta kafa.

“Malama, ki ɗauki abin da zai amfani mata, amma ban da fuskata.”

Na kiyaye. Duk lokacin da ta motsa sai in sunkuyar da kamarar. Ta haifi mace lafiya, ita uwar ba ta yi ko kuka ba. Kafin ta yi arba'in, zazzaɓi ya ɗauke ta a gida.

Bayan damina wata tsohuwa ta zo nemana, goye da jaririyar. Uwar marigayiyar ce. Mun daɗe muna gaisuwa kafin ta faɗi abin da ya kawo ta.

“An ce kin sa ta a na'ura. Ɗiyata, ki nuna mini ita. Ta fari ce, kin san kunya. Ban taɓa kiran sunanta ba, ban taɓa tsayawa na kalle ta da kyau ba.”

Ba su da hotonta ko ɗaya, ko na katin ɗan ƙasa ba ta yi ba.

Na ce, “Inna, babu fuskar. Ita ta hana.”

Ta ce, “Halinta ne.”

Sauran abin da ke cikin bidiyon bai kamata uwa ta gani ba. Na kifa allon, na kunna mata sauti kawai, wurin da ake jin marigayiyar tana tambaya a hankali, “Me na samu?” Tsohuwar ta ce in maimaita. Na yi ta maimaitawa har jaririyar ta farka. Ta yi godiya ta tafi neman mota.

Har yau ana koyarwa da bidiyon, kamar yadda na ji. Na sake duba shi a tsanake, ko na yi kuskure fuskar ta shiga. Ban yi ba.

Waɗanda muka yi aiki tare a lokacin, in na faɗi wani abu ba daidai ba, don Allah ku gyara mini. In kuma akwai wadda ta taɓa ɗaukar hoton marigayiyar a waya, ta sanar da ni. Tsohuwar tana da rai, a iya sanina.