Inna Garwashi da sha-zafinta

Duk layinmu babu gidan da ya kai na Inna Garwashi sanyi, babu kuma bakin da ya kai nata zafi. Katanga ɗaya ce tsakaninmu, don haka ba labarin ji-ta-ji-ta zan ba ku ba, kunnena ne ya sha wuyar.

Sana'arta kiwon sha-zafi. Ga wanda bai san su ba, ƙwari ne shuɗaye, girman ƙwayar wake, fukafukansu kamar gilashi. Su sauka a kan jarkar ruwa, kafin ka sa takalmi ruwan ya yi sanyi har haƙori. A ɗora su a goshin mai zazzaɓi, su tsotse zafin tas. Mahauta na aron su, 'yan asibiti ma haka. Sai dai wannan duk aiki ne a wurinsu, ba ya ƙosar da su. Abincinsu na gaskiya shi ne zafin ran mai su. In bai fusata ba, babu ƙwai, babu 'ya'ya.

A nan Inna ta fi kowa sa'a, don Allah ya haɗa ta da miji tela. Mutum ne shiru-shiru, amma ya san inda ake taɓa ta. Kullum da safe zai kurɓi shayi, ya yamutsa fuska.

"Uwargida, wannan shayi ne ko ruwan wanki?"

"Au! Wanda ya ɗinka wa liman wando ƙafa ɗaya ta fi ɗaya tsawo, shi zai koya min shayi?"

Shi ke nan wuta ta kama. Sha-zafi su taso daga akwatinsu, su rufe mata kai kamar ta ɗaura shuɗin ɗankwali, su sha har su yi tumbi. In sun gama ta huce, ta yi dariya, ta ƙara masa shayin. Da wannan faɗan suka ciyar da gida, da shi suka aurar da 'yarsu.

Bara tela ya rasu.

To, mu 'yan layi sai muka yi abin da muke ganin alheri ne. Mai kayan miya ya daina yi mata gardama, yara suka ɗauke ƙwallonsu daga ƙofarta. Ni kaina na naɗe harshena na ajiye, har sai da ya kusa yi min ciwo. Kowa lallaɓa ta yake kamar ƙwai a cokali. Inna kuwa ta koma "to, Allah ya yi albarka." Ko kaza ba ta kora.

Ƙwarin suka dusashe, suka koma launin toka, suna zubewa a ƙasan akwati. 'Yarta ta zo ta ce tunda kiwon ya mutu, a rufe gidan, ta koma wurinta da zama. Inna ba ta so, amma ko musu ba ta yi ba. Har an fara ɗaure kaya.

Ran nan da safe na leƙa ta katanga. Na gan ta zaune kusa da keken ɗinkin tela, tsintsiya a hannu, tana tara gawar ƙwari. Masu ran ba su cika tafin hannu ba.

Na ɗauki kofina na shiga.

"Inna, a san min shayi."

Ta zuba min ba ta ko ɗago ba. Na kurɓa, na yamutsa fuska iya ƙarfina.

"Allah ya jiƙan tela, ashe shahada ya yi. Duk shekarun nan ruwan wankin nan yake sha?"

Ta ɗago ta kalle ni. Na ce a raina yau kam bakina ya ja min.

"Ke!" ta miƙe. "Ke da mijinki sai ya ci ya ƙoshi a tasha kafin ya shigo gida? Ke da ƙauri ke yi wa girkinki sallama? Mai kai kamar murfin tukunya!"

Ta biyo ni da tsintsiya, muka zaga keken ɗinki. Sai ga ƙwarin sun taso, ɗaya-ɗaya, suna tangaɗi kamar masu jinya, suna sauka a kanta. Ta tsaya cak, ta kai hannu ta taɓa su. Hawaye ya zubo mata, amma bakin bai huta ba.

"Fita min daga gida, marar kunya. Ki ajiye kofin, ai gobe ma za ki dawo."

Yanzu akwatin ya cika da ƙwai, an kwance kayan da aka ɗaure. Kowace safiya ina can ina shan zagi da ruwa mai sanyi. Jiya ta ja ni gefe ta ce maganar shayin ta fara daina kama ta, in nemo wata. Na riga na ƙyalla ido a kan labulen ɗakinta.