Magaribar da Badaru Ya Ci Wasa

Duk Unguwar Mani babu wanda bai san Badaru ɗan Malam Nababa ladan ba, kuma in ana son gaskiya, taurin kansa ne ya fi sunansa tafiya. Ƙauyen yana gabas da Ɗanbatta, irin wurin nan da gona ke manne da gona, ka yi atishawa a taka maƙwabci ya amsa maka daga tasa. A nan aka haifi Badaru, a nan ya yi allo, ya gama firamare, ya ɗan taɓa sakandare shekara biyu ya watsar. Murya dai Allah ya ba shi, wannan ko maƙiyinsa ba ya musu. In ya ɗaga kiran salla har matan ƙauyen da ke maƙwabtaka da su sukan tsayar da daka su saurara.

Ladanci gado ne a gidansu. Kakansa ya yi, Malam Nababa ya karɓa ya riƙe fiye da shekara talatin. Ba albashi ake biya ba. Dami ne da kaka, cinyar rago da layya, sai wuri a sahun gaba bayan liman. Amma a ƙauye wannan ba ƙaramin abu ba ne, da shi ake kwatancen gidan ma. Baƙo ya tambaya, a ce masa ya miƙe har gidan ladan.

Sai dai akwai wanda abin nan ya tsaya wa a maƙoshi, wato Sama'ilu, ɗan yayan Malam Nababa. Mahaifinsa shi ne babba, amma kakansu ya tsallake shi ya ba ƙanen, don babban ba shi da murya. Babban ya mutu da takaicin, ya bar wa ɗansa. Sama'ilu ya girmi Badaru da shekara huɗu, katanga ɗaya ce tsakanin gidajensu, amma wallahi gara maƙwabcin da bai san ka ba. Akuyar wannan ta leƙa gonar wancan, sai maganar ta kai gaban mai unguwa. Matansu ko rariya ba sa ara wa juna. Badaru yana ce masa Yaya don dole, amma yadda yake furta kalmar, gara ya zage shi.

Shekarar da fetur ya yi tsadar da mashin ya koma kayan kallo, taki kuma ya gagari talaka, Badaru ya tafi ci-rani Kano. Ya yi dako a kasuwar 'yan waya wata biyar. Yana can aka aiko masa cewa tari ya cinye muryar mahaifinsa, ya dawo. Abin da ya shigo da shi gida bai taka kara ya karya ba: sabulu sanda biyu na matarsa Rahmatu, da wata waya mai tsagaggen gilashi. Ranar Juma'ar farko, a gaban jama'a, Malam Nababa ya danƙa masa mabuɗin ɗakin lasifika, inda batirin solar masallaci yake. Sama'ilu yana tsaye a wurin, ƙasa kawai yake haƙa da yatsan ƙafa.

A cikin wayar nan kuwa akwai wani wasan faɗa da Badaru ya koyo a birni. Mutum biyu ke yi, kowa da wayarsa, kowa da jaruminsa da ganuwarsa, wanda ya rushe ta abokin karawarsa shi ya ci. Ana cikin gwabzawa jarumi yana tara zinare, da shi kake saya masa kayan yaƙi. Kafin damina ta kankama wasan ya cika ƙauyen. Mai buhun taki ɗaya a gona ba shi da aikin da zai kai shi la'asar, don haka samari da magidanta sai su taru a gindin kukar bakin hanya, inda sabis ya fi kamawa, a yi ta yi.

Kowa takobi yake fara saya wa jaruminsa, a faɗa wa juna tun da zafi, cikin minti goma a gama. Ban da Badaru. Shi sulke yake fara saya. Sannan garkuwa. Sannan wata laya da ke mayar wa jarumi jininsa a hankali in an sare shi. Takobi shi ne na ƙarshe. Farkon wasa sai ka ji tausayinsa, ana korar jaruminsa ana duka, shi kuwa yana raɓe-raɓe a bayan ganuwa yana tsintar zinare. Amma bari a haura minti ashirin. Kai! Sai abin ya zama dodo. Ka sare shi sau goma, kafin ka ɗaga hannu jinin ya dawo, shi kuma sara biyu ya ishe shi ya kwantar da kai.

Sai aka laƙaba wa jarumin suna Maiwa, don ita ce ke nuna bayan an daɗe da girbe gero. Badaru bai ji haushi ba, daɗi ma ya ji.

"Ku yi ta gasa tumunku," yakan ce musu, "ni rumbu nake cikawa."

Haƙurin da bai taɓa yi wa ɗan Adam ba, shi yake yi wa wannan ɗan abu na cikin waya. Kuma yana da baki, in ya ci mutum sai ya bi shi da gori har ƙofar gida. Shi ya sa ko masu tsayawa bayansa suna kallo ba son sa suke ba, faɗuwarsa suke jira.

Sama'ilu bai damu da wasa ba, amma da ya ga Badaru ya zama zakara sai ya sayar da tunkiya ya sayi waya. Ya kara da shi sau bakwai, sau bakwai yana shan kashi, ana yi masa dariya. Mutumin da ke da 'ya'ya huɗu! Amma duk wanda ya ɗauka Sama'ilu wawa ne bai san shi ba. Yana shan dukan yana lura da abu ɗaya: in Maiwa ta fara nuna, Badaru ba ya ji ba ya gani.

Sau biyu hakan ta sa Badaru ya makara kiran salla. Na farko azahar ce, aka yi ta zaman jira. Na biyu la'asar, har sai da aka aika a kira shi. Ranar, bayan an sallame, Liman Muhammadu Sani ya juyo, ya yi magana yadda sahu uku za su ji.

"Badaru, darajar mahaifinka ka ci yau. In aka yi na uku, mabuɗin nan zai bar gidanku, kuma ba zai dawo ba. Ka ji ni?"

"Na ji, Malam."

Malam Nababa yana zaune gefe, kansa a sunkuye. Ya ji kunya ƙwarai, har ya kasa haɗa ido da kowa. Sama'ilu kuwa yana sahu na biyu yana jan carbi, sai ka rantse waliyyi ne.

Sati biyu Badaru ya kame kansa. Yana yin wasan, amma da hantsi, ko da an fito daga azahar. Sai wata Laraba cikin marka, sama ta yi luf da gajimare tun safe, hatsin rumbu ya ƙare a yawancin gidaje, kowa ransa a ɓace yake. Bayan la'asar Sama'ilu ya iso gindin kuka ya ce yau sai sun sake karawa. Badaru ya ce bismilla. Sai Sama'ilu ya ce cajinsa ya yi ƙasa, bari ya aro batir. Ya tafi ya daɗe. Ya dawo ya ce datarsa ta ƙare. Ya sake tafiya. Sanda ya dawo na biyu, Badaru ya duba agogon waya ya miƙe yana kaɗe riga.

"Yaya, a bari sai gobe. Saura minti talatin da biyar magariba."

"Au, gudu za ka yi?" Sama'ilu ya ɗaga murya yadda kowa zai ji. "Ai na sani. Duk gidanku haka kuke, raɓewa kawai kuka iya. Ubanka ya raɓe ya karɓe abin da ba nasa ba, kai ma jarumin naka a bayan katanga yake kwana kamar ɓera."

Haba, ina Badaru zai haɗiyi wannan? Ya yi lissafi a ransa: Sama'ilu bai taɓa wuce minti ashirin da biyar a hannunsa ba. Ga rarar minti goma, ta isa alwala ta isa tafiya.

"Zauna," ya ce. "Yau sai ka gane bambancin gidanmu da naku."

Ƙa'idar wurin ita ce masu karawa ba sa zama kusa, don kada wani ya leƙi wayar wani. Ɗaya yana wannan gefen kukar, ɗaya yana wancan, gindinta ya raba su. Badaru ya toshe kunnuwansa da abin ji, don da shi yake jin takun abokin gaba tun daga nesa. Wasan kuma in ya buɗe, yakan rufe agogon waya gaba ɗaya.

Aka fara. Badaru ya sayi sulke yana jiran a afko masa kamar kullum. Shiru. Ya sayi garkuwa, ya sayi laya, ba wanda ya taɓa shi. Sama'ilu bai sayi takobi ba sam. Takalmin gudu ya saya wa jaruminsa, sauran zinaren duk ya zuba a ganuwa, yana ta ƙara mata kauri. Badaru ya yi murmushi. Tsoro ne, in ji shi a ransa, ya ba ni fili in nuna yadda nake so. Assha! Mai wayo a cikin waya, a waje kuma ga shi nan.

Maiwa ta cika ta batse, ta fito farauta. Ta hango jarumin Sama'ilu ta bi shi, ya zille. Ta tare shi ta gabas, ya ɓulla ta yamma. Ta koma kan ganuwa ta fara sara, sai ya zo ya ɗan tsokane ta ta baya ya ruga. Wanda yake da hankali da ya ƙyale shi ya ci gaba da rushe ganuwa. Amma Badaru ba cin wasa kawai yake so ba, so yake ya kwantar da jarumin nan a gaban mutane saboda maganar da aka faɗa wa mahaifinsa. Ya yi ta bin sa.

Wani daga cikin masu kallo ya dafa kafaɗarsa. "Badaru, lokaci fa."

"Dalla cire hannunka! Shi ya aiko ka?"

Mutumin ya cire hannunsa, ya yi tsaki ya tafi. Saura ma suka fara zamewa ɗaya bayan ɗaya, ba wanda ya sake tanka masa. Gajimare ya rufe rana tun safe, don haka hasken bai canza yadda zai ja idonsa ba.

Can sai jarumin Sama'ilu ya tsaya cak a tsakiyar fili. Badaru ya ja baya, ya ce tarko ne. Ya zagaya shi ta dama, ya zagaya ta hagu, ya ɓata lokaci yana leƙen inda aka ɓoye masa sharri. Bai motsa ba. Sai ya afka masa, sara biyu ya zube. Ya juya kan ganuwa, mai kauri uku, ya dinga sara yana cije leɓe, ba mai hana shi, har ta ruguje. Waya ta yi walƙiya ta nuna masa ya ci.

"Ina kake, Yaya?" ya yi ihu, ya fizge abin kunnen. "Fito ka maimaita abin da ka ce!"

Babu kowa a gindin kuka. Ya zagaya wancan gefen, ga wayar Sama'ilu ajiye a kan saiwa, tana ta haske ita kaɗai. Sai a lokacin kunnensa ya kama abin da iska ke kawowa daga cikin gari. Kiran salla ne, ba ta lasifika ba, da baki ake yi daga kan dakalin masallaci. Murya ce mai kaushi, tana karyewa in ta hau sama, kuma har ta kai ƙarshe. Ya san muryar, kullum yana jin ta ta bayan katanga tana yi wa yara faɗa.

Ya ruga. Takalminsa ɗaya ya maƙale a taɓo ya bar shi. Magariba ba ta jira, kafin ya gama alwala an tayar, ya samu raka'a ta biyu a sahun ƙarshe, kusa da inda ake ajiye takalma. Da ya rama abin da ya kuɓuce masa ya sallame, ba wanda ya fita daga masallacin. Kowa yana zaune. Sama'ilu yana sahun gaba, daidai bayan liman, bai ko waiwayo ba.

Liman ya riga ya faɗi tasa tun sati biyu. Malam Nababa ne ya dafa bango ya miƙe. Ya ratso sahu a hankali, mutane suna janye masa ƙafa, har ya tsaya a kan ɗansa. Muryarsa ba ta fita sosai, amma masallacin ya yi shirun da kowa ya ji.

"Ka ci wasan?"

Badaru ya kasa ɗaga kai. "Na ci, Baba."

"To, madalla. Tashi ka kai wa yayanka mabuɗin da hannunka."