Hannun Ungozoma a Kan Tagulla

Shekara goma sha ɗaya na yi ina sayar da atamfa a Akébé, wata unguwa a birnin da muke zaman ci-rani a ƙasar waje, kuma bango ɗaya ne ya raba shagona da na wani dattijo mutumin Damagaram mai zane a kan ƙarfe. Shi ke tsara lambobin yabo, waɗanda a nan muke ce wa medayi: na 'yan ƙwallo, na makarantu, na ma'aikatan da suka yi ritaya. Kafin in gama jera kaya da safe, na fara jin ƙas-ƙas ɗin 'yar gudumarsa.

A juye yake aikinsa. Sai ya zana abin a takarda, sannan ya sassaƙa shi a dunƙulen ƙarfe, dama ta koma hagu, tudu ya koma rami, don in an buga a tagulla ya fito daidai. Wata rana ya ɗauko wata tsohuwar tsabar kuɗin sefa mai hoton gwanki, ya ɗora min gilashinsa na ƙara girman abu a ido.

"Alhaji, dubi gashin wuyan gwankin nan," in ji shi. "Mutum ne ya zauna ya ja shi sili-sili, kuma ba wanda ya san sunansa."

Ban san iyakar gwanintarsa ba sai shekarar da ƙungiyarmu ta Hausawa ta shirya karrama wata tsohuwar ungozoma Bakatsiniya da za ta koma gida. Ita ta karɓi haihuwar yawancin 'ya'yanmu, har da 'ya'yana mata uku. Aka ɗora min yin medayin. Na je neman hotonta, ta ce atafau ba za a buga fuskarta a ƙarfe ba.

Da na gaya wa dattijon, sai ya rufe shago ya ce in kai shi. Muka hau taksi zuwa wata unguwa a cikin gari da ake ce wa London, muka iske ta a tsakar gida tana wa wani jariri wanka. Ya gaishe ta, ya sha kunun da aka kawo, ya zauna yana kallo kawai. A hanyar dawowa ya ɗora takarda a gwiwa, taksi na ta faɗawa ramuka, ya zana hannaye biyu sun tallafi kan jariri.

Mako uku ya yi a kai. Na farkon da ya gama, ni na ga ya yi kyau matuƙa, amma ya jefa shi cikin kwali.

"Baba, me ya yi?"

"Hannun budurwa ne. Nata yana da jijiyoyi."

"Wa zai lura?"

"Ita."

Ya sake daga farko.

Ranar taron bai zo ba, yana da aikin wata makaranta. Ni na miƙa mata. Ta kai shi kusa da ido, ta daɗe tana dubawa, sai ta ɗaga hannun hagunta ta nuna wa matan da ke gefenta.

"Ku ga ikon Allah! Ɗan yatsana ne da ƙofar mota ta lanƙwasa. Yaushe mutumin nan ya gani?"

Ta yi dariya har da hawaye, ta ƙulle medayin a bakin mayafinta.

Washegari na ba shi labari. Ya ajiye guduma, ya cire gilashi, ya ce in sake faɗa masa abin da ta ce, kada in rage komai.