Kawu Zaɓi-Ɗaya da Binciken Famfo

Kawuna, yayan mahaifiyata, ya yi shekara ashirin da uku yana shiga gidajen mutane yana yi musu tambayoyin da ba shi ya tsara su ba. Aikinsa ke nan a wata cibiyar binciken zamantakewa. Za a cika masa jaka da takardun tambaya, a zagaye masa unguwa a taswira, ya tafi ya yi sallama ƙofa-ƙofa, ya cike, ya dawo. Karatunsa bai yi nisa ba, amma rubutunsa kamar inji ne ya buga, kuma tafiyar ƙasa ba ta gajiyar da shi. Matarsa, wadda muke kira Inna, ta ce ta daina ƙirga takalman da ya kashe tun daga na goma sha biyu.

Kowa Zaɓi-Ɗaya yake ce masa, don aikin ya biyo shi har cikin gida. In ya dawo da yamma ba ya tambayar Inna yaya gida kamar sauran maza. Sai ya zauna a kujerar roba, ya miƙe ƙafa, ya ce, "Game da yinin yau, kin gamsu ƙwarai, kin gamsu, ko ba ki gamsu ba? Zaɓi ɗaya."

"Malam, ni dai na gaji."

"Babu shi a jerin."

Shi ya samo mini aiki a cibiyar, a ɗakin shigar da bayanai. Mu huɗu ne a ciki, kowa da kwamfutarsa, da fanka ɗaya mai kuka kamar tana neman taimako. Aikinmu mu mayar da maganar mutane lamba: i ɗaya, a'a biyu, ban sani ba tara. A nan na gane abin da kowa ya sani ba a faɗa. Yawancin abokan aikin Kawu ba sa wahalar da ƙafarsu. Akwai wata bishiya mai inuwa a bayan tashar mota, a nan suke zama su cike takarda hamsin kafin rana ta take, kowa yana ƙirƙiro mutanensa. Takardunsu tsaf suke zuwa, ba ko lanƙwasa. Na Kawu kuwa da tabon mai, da shatin yatsun yara, ga rubutu da jan biro a gefe-gefe. Mu masu shigarwa in muka ga kunshinsa sai mu fara tura wa juna.

Shugaban sashenmu Dakta ne, gajeren mutum mai tabarau biyu, ɗaya a hanci ɗaya a goshi. Ba mugu ba ne. Ya dai yi imani cewa duk abin da ba a auna ba bai faru ba, kuma yakan faɗi haka ko a wurin gaisuwar rashin lafiya.

Wata shekara wata ƙungiyar agaji ta kafa famfuna a unguwar da ke bayan layin dogo. Da shekara ta zagayo suka ba cibiyarmu aikin gano ko rayuwar matan unguwar ta canja. Dakta ya tsara tambaya arba'in da biyu. Ta goma sha bakwai tana cewa: minti nawa kike yi daga ƙofarki zuwa famfo mafi kusa? Ta goma sha takwas: kin gamsu da kusancin famfon?

Matan suka faɗa wa Kawu gaskiya. Minti biyu. Minti uku. Sun gamsu ƙwarai. Wata tsohuwa ta ce masa, "Kusa kam yana kusa, ɗan nan, ai a jikinsa nake shanya tsummana." Ashe mako biyar kawai famfunan suka yi suna kawo ruwa, daga nan suka ƙafe ƙaf. Kawu ya bi tambayoyin nan arba'in da biyu daga sama har ƙasa, bai ga inda aka tambaya ko ruwa yana zuwa ba. Sai ya riƙa rubutawa a gefen kowace takarda da jan bironsa: ba ruwa. Takarda ɗari da ashirin, duk haka.

Da suka iso teburina na rasa yadda zan yi, domin a kwamfuta babu gurbin gefe. Na faɗa masa, shi kuma ya gyara wuyan riga ya nufi ofishin Dakta, ina biye da shi da kunshin a hannu.

"Yallaɓai, famfunan nan fa ba ruwa."

Dakta ya sauko da tabaran goshi ya ɗora a kan na hanci. "Malam, ruwa ba ya cikin manufar wannan binciken. Kusanci muke aunawa."

"To ai kusancin don ruwan aka yi shi."

"Wannan ra'ayinka ne. Ka duba tambaya ta ashirin da biyar, lita nawa gida yake amfani da ita a rana. Matsakaicin ya ma ƙaru."

Ya ƙaru kuwa, kuma ni na san dalili. Cikin gidajen da aka zaɓo akwai wani masauki mai ɗaki talatin da rijiyar burtsatse da tankuna uku. Da aka haɗa ruwansa da na sauran aka raba daidai, sai kowace tsohuwa ta tashi da lita ɗari biyu a takarda. Kawu ya ce a cire masaukin. Dakta ya ce ba shi ya zaɓo shi ba, kwamfuta ce, kuma kwamfuta ba ta da ɗan'uwa a unguwar.

An ƙaddamar da rahoton a zauren wani otal, da majigi da ruwan roba a kowane tebur. Allo ya nuna kashi casa'in da huɗu cikin ɗari na matan suna kai wa famfo cikin minti biyar. Aka tafa. Kawu an gayyato shi ne kawai don a ɗauki hoto da ma'aikacin fili mafi daɗewa, har Inna ta goge masa rigarsa ta fita. Bayan hoton, wakiliyar ƙungiyar, wata doguwar mata mai fara'a, ta miƙa masa makirufo don girmamawa.

"Baba, kai da ka shiga gidajen, me ya fi burge ka?"

Kawu ya yi gyaran murya. "Ranki ya daɗe, famfunan suna da kyau. Ko fentinsu bai goge ba, tunda wata goma sha ɗaya ba wanda ya murɗa su."

Ni na sunkuyar da kai ina lissafin inda zan nemi wani aikin. Amma Dakta, Allah ya ba shi kai, ya miƙe ya karɓi makirufon yana murmushi. "Madalla. Wannan shi ne babban giɓin da bincikenmu ya bankaɗo, kuma shi ya sa muke ba da shawarar a yi bincike na biyu." Aka sake tafawa, fiye da ta farko. Kafin wata ya ƙare an ba mu aikin.

Bincike na biyu na wata goma sha takwas ne. Aka raba unguwar gida biyu a taswira. Rabi za a yi musu taron wayar da kai kan kula da famfo, rabi kuma a bar su haka don a kwatanta. Aka ba Kawu tambaya sittin.

A kwana na uku ya zauna hutawa a bencin wani mai walda a mararrabar unguwar. Hira ta kawo hira, mai waldan ya nuna masa wani wuri a gefen titi da sandar ƙarfe. "Ai nan ne. Ranar da motar gyaran hanya ta wuce ta fasa babban bututun, ma'aikatan suka murɗe makullin ruwan suka tafi. A gabana aka yi."

"Ba ka faɗa wa kowa ba?"

"Masu takarda sun zo sau uku. Shekaruna suka tambaye ni da yawan ɗakunana."

Kawu ya dawo gida ya kasa cin abinci. Shekara ashirin da uku ana koya masa cewa mai tambaya ba ya sa hannu a abin da ya gani, nasa ya rubuta. Inna ce ta katse masa tunanin. Ta ce, "Malam, ƙanena fa gyaran famfo yake yi. Ko shi ma sai an raba shi gida biyu?"

Ranar Asabar suka tafi shi da surukin nasa, da sifana da guntun bututu. Mazan unguwar suka fito da diga da shebur. Kafin rana ta yi sanyi famfunan suka fara tari, suka tofar da jan laka, sannan ruwa ya ɓalle. Mata suka fito da bokitai da tukwane har da kwanon wanke hannu. Tsohuwar nan ta kwashe tsummanta da gudu.

Ranar Litinin muryar Dakta har ɗakinmu.

"Ka kashe mini rukunin kwatanci! Ruwa ya shiga har ɓangaren da bai kamata ya ga komai ba sai nan da wata goma sha takwas!"

"Yallaɓai, bututun ɗaya ne. Bai san an raba su ba."

"Yanzu da me zan kwatanta me?"

Bayan mako guda aka ba Kawu takardar ajiye aiki, saboda katsalandan a filin bincike. Ni aka sa na buga ta, kuma na buga, ban yi kuskure ko ɗaya ba, don shi ya koya mini haka.

Abin ya taɓa shi fiye da yadda ya nuna. Ya yi kwana goma a kujerar robar nan yana kallon bango, ko rediyo ba ya kunnawa. A rana ta goma sha ɗaya mata uku daga bayan layin dogo suka yi sallama, sun sha tambaya kafin su gano gidan. Jarka suka kawo, cike da ruwan famfon. Babbarsu ta ce ba su da abin da ya fi shi. Kawu ya sa aka kawo kofi ya sha a gabansu, ya ce akwai ɗanɗanon tsatsa kaɗan, su riƙa barinsa ya zuba minti ɗaya kafin su tara. Washegari ya fita ya sayi tebur.

Yanzu a ƙarƙashin wata rumfa yake zama, daura da ofishin rajista, yana cike wa mutane fom. Layinsa ya fi na kowa tsawo, ya kuma fi na kowa jinkiri, domin ba ya rubuta shekarun mutum sai ya tabbatar.

Rahoto na biyu ya fito bara, shafi ɗari da tamanin. Ya nuna cewa ruwa ya dawo unguwar jim kaɗan bayan fara wayar da kai, kuma tasirin ya yi ƙarfi har ya tsallaka ɓangaren da ba a yi wa taron ba. Na kai masa kwafi ina tsoron abin da zai ce. Ya karanta a nutse tsakanin masu fom biyu, yana bi da yatsa, har ya tsaya a wani jadawali na kashi cikin ɗari.

"'Yar nan, wa ya shigar da wannan?"

"Ni ce, Kawu."

"Haɗa min su."

Na haɗa a waya. Ɗari da uku suka ba ni a maimakon ɗari.

"Ki koma ki gyara kafin wani ya gani," ya ce. "Sunan gidanmu ne." Ya miƙo mini rahoton, ya kira mai bi.