Igiya a Hancin Mainassara

Mainassara mutumin Guci ne, kuma tun yana saurayi sana'arsa huda hancin shanu. Duk wanda ya sayi ɗan bijimi don amalanke ko garma a ƙauyukan Dungas, wurinsa yake kawowa. A kayar da sa, ya huda, ya zura igiya, ya ɗaure bayan ƙaho. Yana aikin yana yi wa dabbar ba'a: "To, sarkin taurin kai, yau ka shigo hannu."

Bana, bayan girbi, ciwon huhu ya kwantar da shi. 'Yarsa Habsatou ta kawo shi gidan likita a Magariya yana numfashi sama-sama. An sa masa ƙaramar robar oksijan, ba ta ishe shi ba. Sai aka haɗa shi da injin da ke tura iska mai yawa, da ɗuminta da danshinta, ta wata roba mai kauri mai baki biyu. Bakunan na shiga hanci, a ɗaure ta bayan kai. Zouera, majo, wato babbar ma'aikaciyar jinyar ɗakin, ta gaya masa a fili: huhunsa ba zai iya shi kaɗai ba tukuna. In robar ta zauna, magani zai samu lokacin aiki. In ba ta zauna ba, sai a ɗauke shi zuwa Damagaram, kuma ba ta da tabbacin zai kai da rai.

Ya yarda, jiki ya fara sauƙi. Sai Sirajo ya zo dubiya.

Sirajo taubashinsa ne, ɗan ƙanwar mahaifinsa, kuma tsakanin taubasai ba a gaisuwa sai da tsiya. Ya tsaya bakin ƙofa da kwanon fura, ya ƙare masa kallo.

"Bawana! Wa ya kayar da kai? Amalanke za ka ja ko garma?"

Har masu jinyar gadon kusa sai da suka yi dariya. Mainassara bai yi ba.

Daga ranar, da ya ji sallamar mutanen Guci a baranda sai ya zare robar ya tura ƙarƙashin zane. Ya zauna ya amsa ina kwana, ina gajiya, ya jiki, ya gida, mutum bayan mutum, yana haki. Injin ya hau ƙara, lambar da ke nuna iskar jininsa ta sauka, Zouera ta baro wani maras lafiya ta shigo da sauri.

"Baba, don Allah me na yi maka? Robar nan ba ado ba ce!"

"'Yata, shekarata nawa ina sa wa shanu igiya. Mutanen garinmu su gan ni haka?"

"Gara su gan ka a makara ke nan?"

Ta yi lallashi, ta yi faɗa, ta liƙe robar da filasta a kumatunsa, ya ɓamɓare. Ta hana 'yan dubiya shiga, suka koma leƙe ta taga, shi kuwa ya ci gaba da zarewa. Habsatou ta ce ita ba ta isa ta ɗaga wa mahaifinta murya ba. Ranar kasuwar Magariya, da mota guda ta sauke mutanen Guci, ya zare robar ya daɗe bai mayar ba, leɓunansa suka yi baƙi, maganarsa ta sarƙe. Zouera ta mayar da robar, ta ce a shirya ambilans, motar ɗaukar marasa lafiya.

Ta fita ta sami Sirajo a gindin bishiya.

"Baba Sirajo, bakinka ya jawo wannan. In ya mutu a hanya, sai ka nemi wanda za ka riƙa tsokana."

Sirajo ya miƙe. Ya kwance rawanin kansa, ya shiga ɗakin, ya naɗa wa Mainassara, ya jawo amawali ya rufe hanci da baki. Robar ta ɓace, sai jelarta ta bayan kafaɗa. Zouera ta sa yatsa ta sassauta amawalin, ta tabbata iska na fita, ta tsaya tana kallon lamba har ta hau.

"Kuma ba magana," in ji ta. "Hannu kawai za ka ɗaga."

"Ka ji, bawana," Sirajo ya ce. "Babban mutum ba ya surutu. Ni zan amsa maka."

Ambilans ba ta tashi ba. Mainassara ya zauna cikin rawani, yana ɗaga hannu, Sirajo na gefe yana cewa ya gode, jiki da sauƙi. A hankali aka riƙa rage ƙarfin iskar har aka cire injin.

Yanzu yana Guci, ya koma aiki, ko da yake yaransa ke kayar da sa. Na tambayi Zouera ko ta ji daɗin dabarar. Ta ce ta ji, sai dai labari ya kai Guci cewa an yi wa Mainassara naɗi a gadon likita, 'yan dubiya suka ninka, har da masu zuwa taya murna.