Shinkafar da Théodore Ya Ƙi Tumɓukewa

Ranar da aka kira Théodore gaban taron manoma, hadari ya haɗu tun da hantsi ta wajen tafkin Maga, baƙi ƙirin, ya tsaya can ya ƙi ƙarasowa. Iska ta ɗauke. Zafi ya danne gari, irin wanda mutum yana zaune a inuwa rigarsa na jiƙewa, ga ƙarnin kifi da laka yana tasowa daga bakin ruwa. Kowa na kallon sama yana cewa yanzu za a sauke, amma har la'asar ko ɗigo ba a yi ba. A kan 'yan tushen shinkafa ne aka kira shi, waɗanda ko tabarmar sallah aka shimfiɗa za ta rufe su.

Théodore mutumin dutse ne, daga wajen Mokolo. A can ya tashi, inda sai an jera duwatsu an tare ƙasa kafin a samu wurin shuka dawa. Yana saurayi ya sauko Garuwa, ya yi shekaru yana ɗaukar nama daga mayanka zuwa kasuwa. A bakin mahauta ya koyi Hausa, shi ya sa har yau in ya yi magana sai ka ji zaurancen 'yan fawa a ciki. A nan ya haɗu da Lukmanu mahauci, a nan kuma ya auri Jeanne. Da aka ji ana raba gonakin shinkafa a Maga, ya kwashi matarsa suka tafi. Lukmanu ma daga baya ya biyo su, ya kafa tebur a kasuwar garin.

Gonar da ta faɗo wa Théodore tana can wutsiyar kanal, wato inda hanyar ruwa ta ƙare. Ruwa sai ya bi ta gonakin mutane kaf kafin ya iso wurinsa, ya iso a gajiye. Akwai wata 'yar ƙofa kusa da shi da ake buɗe wa na ƙarshe, ita ce rayuwarsa. Shekara da shekaru a kan ƙofar nan yake rigima: a buɗe da wuri, a bar ta ta daɗe. Ba ya ɗaga murya. Tsayawa kawai yake yi, ya ƙi tafiya. Da wannan gona ya karantar da 'yarsa Edwige, har ta samu aiki a wani ɗakin bincike a Garuwa, inda ake nazarin cututtukan shuka.

A daminar da ake magana, cutar ɗorawa ta shiga gonaki. Ganyen shinkafa ya yi dabbare-dabbare, ta tsaya cak ba ta girma, in ta fitar da kai babu ƙwaya sai ƙaiƙayi. Ƙwari suna ɗaukar ta, lauje yana ɗaukar ta, hannun mutum ma haka, har shanu in sun ratsa. Gonar Théodore ba ta tsira ba. Sai dai a wata kusurwa ya lura da wasu tushe da cutar ta kama ganyensu na ƙasa, ta ƙi hawa. Sabon ganye yana fitowa kore shar. Ya ɗauki hoto da wayar Jeanne ya tura wa 'yarsa, don kawai ta gani. Ƙarshen mako sai ga ta ta sauka daga mota da kula cike da ƙanƙara.

Ta tsugunna a cikin taɓo tana jujjuya ganyen. Shi yana tsaye a kan kunya.

Ya ce, "To, likitar ciyawa, akwai maganin feshi ko babu?"

Ta ce, "Babu, Baba."

"Duk karatun nan."

"Duk karatun nan. Amma zo ka ji abin da nake zato."

Ta ce masa abin da ke kawo cutar ƙanƙane ne ƙwarai, birus suke ce masa, kuma ba komai ba ne illa dogon saƙo a naɗe cikin riga. Saƙon suna kiransa ARN. In ya shiga ganye sai ya tuɓe rigar, ganyen ya riƙa karanta saƙon yana aikata abin da aka ce, kamar bawan da ba ya musu. To amma ganye daga farko yake fara karatu, kuma ba ya kaiwa ƙarshe. Bayanin yadda za a ɗinka rigar kuwa a can ƙarshen saƙon yake.

Théodore ya ce, "A wutsiya."

"A wutsiya, kamar gonarka. In ya jira abin da zai gangaro daga sama, ba zai taɓa samun riga ba. Shi ya sa yake da 'yar ƙofarsa kusa da ƙarshe. Daga nan yake kwafo guntun saƙo, na riga kaɗai, ya sake shi daban, ganye ya karanta shi tun daga farkonsa."

"Wa ke buɗe masa ƙofar?"

Ta yi dariya ta ce, "Tambayar da nake ci da ita ke nan."

Ta ce ba a kowane lokaci yake buɗewa ba. Da farko sai ya bar ta kusan a rufe, ya yi ta hayayyafa tsirara. In ya yi saurin ɗinka riga zai rufe kansa tun bai yawaita ba. Sai ya cika wurin tukuna yake sakin guntun saƙon da yawa, a ɗinka wa kowa tasa, sannan su shiga jijiyar shinkafa su hau sama. In riga ta yi ƙaranci ba ya iya doguwar tafiya, inda ya sauka nan zai zauna. Zatonta a cikin waɗannan tushe ƙofar ba ta buɗuwa yadda ya kamata. Ko dai birus ɗin ne gurgu, ko kuwa shinkafar ce ke danne masa ƙofa. In na biyun ne, irin yana da daraja. Ba yadda za a sani sai an bar su sun nuna an samu ƙwaya, kuma sun riga sun yi ciki, in aka cire su zuwa Garuwa mutuwa za su yi a hanya.

Ta yanki ganye ta sa a kula. Ta ce, "Ka rufe su da gidan sauro saboda ƙwari. Ka wanke hannu da sabulu kafin ka taɓa wata shinkafa. Ban yi maka alkawarin komai ba fa, Baba."

Ya ce, "Na ji."

A daren ba su kwana cikin gidan sauro ba, shi da Jeanne, domin nasu ya kai gona.

Ba a yi nisa ba ƙungiyar manoman ɓangarensu ta yanke shawara: duk shinkafar da ta yi ɗorawa a tumɓuke a ƙone, kada a bar ko tushe ɗaya, don cutar kada ta tsallaka zuwa noman rani. Shugabansu, wanda suke kira delege, Alhaji Abdelkerim ne, kuma ba mugun mutum ba ne. Da hannunsa ya fara cinna wa tasa wuta, mutane suna kallo, ya juya baya don kada a ga fuskarsa. Théodore ma ya tumɓuke duk mai cutar da ke gonarsa ya ƙone, ya bar mai lafiya, ya kuma bar wadda ke cikin gidan sauro. Shi ne aka kira shi gindin darbejiya a wannan rana mai hadari.

Da Fulatanci aka fara, amma da abin ya yi zafi Abdelkerim ya juya Hausa, don ya san ita ta fi shiga kunnen Théodore.

Ya ce, "Baban Edwige, mu muna kashe cuta, kai kana yi mata shimfiɗa. Har da gidan sauro. Sai ka ƙara mata da matashi."

Aka yi dariya. Théodore bai yi ba.

Ya ce, "Alhaji, a rufe take. Babu ƙwaron da ke shiga, babu mai fita."

"Kai ka ƙirga su?"

"Ban ƙirga ba."

"To, ka gani. 'Yarka tana Garuwa a ƙarƙashin fanka. In cutar ta tashi a rani, mu za ta ci. 'Yar taka ta ce maka magani ne?"

"Ta ce ba ta sani ba."

Aka hau guna-guni. Wani daga baya ya ce mutanen dutse dama haka suke, kansu irin ƙasarsu. Lukmanu, wanda ba manomi ba ne, ya zo ne kawai ya tsaya a gefe da wuƙarsa a kube, ya ce, "Shekarun da ya yi a nan sun fi naka a duniya, rufe mana baki."

Abdelkerim ya ɗaga hannu aka yi shiru. Ya ce magana ɗaya ce: ko a tumɓuke kafin gobe, ko a rufe 'yar ƙofar wutsiya, kuma da rani a ba wani gonar.

Théodore ya miƙe, ya kakkaɓe wandonsa. Ya ce, "Kun ƙone taku, na ƙone tawa, ban yi muku gardama ba. Wannan kam sai ta nuna. Ranar da ta nuna ni zan sa mata wuta. Ƙofa kuwa taku ce."

Ya kama hanyar gida, hadarin yana nan tsaye a inda yake.

Jeanne tana tankaɗe ya gaya mata. Ba ta ɗaga kai ba. Ta ce, "Sauran gonar fa, mai lafiya?"

"In sama ta ba da ruwa, ta sha."

"In ba ta bayar ba?"

Ya shiga duba inda jarkokin ruwa suke.

Ta ce, "Tun da muka zo garin nan kake faɗa a buɗe ƙofar nan. Yau kai da bakinka ka ce a rufe." Ta ci gaba da tankaɗe. Can ta ce, "Jarkokin suna bayan ɗaki. Mai shuɗin tana yoyo, kada ka ɗauke ta."

Sama ba ta bayar ba, damina ta zo ƙarshe da wuri. Shinkafar mai lafiya ta fara naɗe ganye, ƙasa ta tsattsage. Théodore ya riƙa ɗebo ruwa daga wani kududdufi a bayan gonaki, yana turo baron da Lukmanu ke kai nama kasuwa da shi. In ya je aro sai Lukmanu ya ce, "Ga mai jinyar ciyawa. Yaya mai jiki?" Shi kuma ya ce, "Ta fi naman da ka sayar jiya lafiya." Ruwan ba zai ishi gona ba, kusurwar nan kaɗai yake zuba wa. Yana wucewa ta cikin shinkafarsa tana bushewa, bai tsaya kallonta ba.

Wata safiya ya iso ya tarar da Abdelkerim tsaye a kan kunya da fartanya a kafaɗa. Théodore ya ajiye baro, ya shiga tsakaninsa da gidan sauron, ya tsaya. Suka gaisa kamar yadda aka saba, har da tambayar iyali.

Abdelkerim ya ce, "Da na ga dama, da tuni na gama kafin ka zo."

"Na sani."

"Ɗaga in gani."

Théodore ya ɗaga gefe ɗaya. Ganyen ƙasa sun yi ɗorawa sun bushe, na sama kore, zangarniya ta sunkuyo da nauyi. Abdelkerim ya daɗe yana kallo. Ya miƙa hannu ya shafa ƙwayar.

Ya ce, "Maganar taro tana nan. Ba zan iya warware ta ba, kuma ba na so."

"Ban roƙe ka ba, Alhaji. Ga sabulu can, wanke hannunka kafin ka shiga gonar wani."

Ya wanke, ya saɓa fartanyarsa ya tafi.

Da ta nuna, Théodore ya yanke ta da wuƙa, zangarniya ɗaya-ɗaya. Abin da ya samu bai cika kwanon sha ba. Ya tara tushen da gidan sauron da sandunan da ya kafa, ya aika aka kira delege, ya cinna wuta a gabansa. Sauran gonar kuwa abin da aka girbe bai kai su tsakiyar rani ba. Aka ba wani gonar, kamar yadda aka faɗa. A noman rani cutar ta sake ɓullowa a wasu gonaki can sama da kanal. Wasu suka ce laifin Théodore ne, wasu suka ce ai da nisa. Babu wanda ya iya tabbatarwa, shi kuma bai je ya kāre kansa ba.

Edwige ta auna ganyen da ta tafi da su. Ta kira shi ta ce zatonta game da ƙofar ya yi daidai: dogon saƙon yana nan da yawa, guntun na riga kuwa kaɗan ne, bai kai na sauran shinkafa masu cutar ba. Ta shuka irin a Garuwa cikin ɗakin raga. Wasu suka kamu suka lalace, wasu cutar ta tsaya musu a ganyen ƙasa kamar iyayensu.

Ya ce, "To, wa ke riƙe da ƙofar?"

Ta ce, "Da saura, Baba. Sai na sake shukawa."

"Sake. Ni ma ban samu ruwa a shekarar farko ba."

Théodore yana nan a Maga. Ba shi da gona a kanal. Yana noman albasa a wani ɗan fili da ya ara a bayan gari, ranar kasuwa kuma yana taya Lukmanu a teburin nama. Ya nemi a sake ba shi gona, ba a amsa ba tukuna. Irin yana wurin Edwige a Garuwa, ana kan shuka shi.