Sagindik, Wanda Ya Fi Kowa Faɗuwa Daga Doki a Kwarinmu

Kafin rana ta leƙo ta kan duwatsun At-Bashi, Sagindik ya riga ya isa filin bakin rafi da manjagara a kafaɗa. Yakan bi filin taku-taku yana tsince duwatsu yana jefawa a bokiti, sannan ya barbaza ƙasar ta yi laushi. Baƙo zai ce shuka zai yi, alhali wurin faɗuwarsa yake gyarawa. In ya gama sai ya ɗaura wa tsohon dokinsa sirdi, ya ja majayi sau biyu, ya tuɓe riga ko da sanyi na yanka fata, ya sha ɗamara, ya hau yana jiran samari. Shekara talatin da huɗu ke nan yana wannan aiki.

A kokawar kan doki, wadda muke kira er enish, sunan wanda ya yi kaye ake kira. Shi ake sa wa farar hula, shi ake ɗauka hoto. Amma ba a taɓa yin gwani ba sai da wani ya ba shi jikinsa ya koya a kai, kuma a kwarinmu jikin Sagindik ne. Bai taɓa cin gasa ba, bai ma taɓa shiga ba.

Akwai mutum ɗaya da wannan yabo zai tsaya wa a wuya, wato Orozbek, sa'ansa kuma maƙwabcinsa. Orozbek ya riƙe kambun lardi shekara bakwai, bayansa bai taɓa ƙasa ba a gaban taro. Bangon ɗakinsa cike yake da lambobin yabo. Tagar ɗakin nan kuwa filin bakin rafi take kallo, kuma ta nan yake ganin ɗansa Ilgiz, saurayi ɗan shekara ashirin da uku, yana wuce ƙofar uban kowace safiya ya nufi wurin Sagindik.

"Dubi ɗanki," ya ce wa matarsa Burulkan wata safiya, shayi na hucewa a hannunsa. "Gwani na zaune a gida, shi ya tafi neman ilimi wurin buhun gishiri. Mutumin da na kayar ya fi sau dubu!"

"To ka sauka ka koya masa mana, Maigida."

"Na koya masa! Na nuna masa yadda nake yi."

"Ka kayar da shi sau biyar a gaban abokansa, ka ce ya gani ko? Wannan ne koyarwar?"

Orozbek ya ture kofin ya fita duba tumaki, tumakin da ba su nemi a duba su ba.

Samari suna da wata magana da ke ƙona masa rai. Suna cewa Sagindik ba ya faɗuwa sai ka kama shi daidai. Orozbek yakan ce wannan daɗin baki ne na yara, rago rago ne. Amma shaidu suna da yawa. Nurgazi, wanda yanzu sunansa ya kai Bishkek, babban birnin ƙasarmu, damina biyu ya yi yana jan mutumin nan bai gusa daga sirdi ba. Ran da ya kayar da shi, shi Nurgazin ne ya sauko yana kuka. Wani mai garken dawaki ya taɓa kawo tunkiya har gida, yana roƙon Sagindik ya bari ɗansa ya kayar da shi sau ɗaya a gaban surukai. Sagindik ya mayar masa da tunkiyarsa ya ce, "In na faɗi masa yau, gobe wani zai karya masa wuya yana zaton ya iya." Hatta 'yan wasan ƙwace gawar akuya a kan doki wurinsa suke zuwa su koyi manne wa sirdi.

Kai ne, Sagindik, ƙashin wuyanka ya karye sau uku ba ka taɓa faɗin wanda ya karya ba, don kada yaro ya ji tsoron hannunsa. Kai ne kake tashi da ƙasa a gemu kana dariya kana cewa, "Yauwa, haka! Sake." Mu da muke zaune a kan katanga muna ƙirga faɗuwarka muna shewa, yau kunya muke ji.

A bana Ilgiz ya je wasannin makiyaya na bakin tafki, ya kayar da mutum biyar a jere, aka ba shi jan dukushi mai farin goshi. A wurinmu kyautar farko ba ta zama hannun wanda ya ci, dattijon da ya fi cancanta yake kai wa ya karɓi albarka. Tun kafin yaron ya iso gida Orozbek ya share wa dukushin wuri a barga, ya zuba sabuwar ciyawa. A wannan makon ne kuma likita ya gaya wa Sagindik cewa kafaɗarsa ta gama aiki, samari suka sa ranar yi masa walimar sallama.

"Baba," Ilgiz ya ce, idonsa a ƙasa, "dukushin nan Kawu Sagindik zan kai wa ranar walima."

"Kawun wa? Ni na haife ka ko shi?"

"Kai ka haife ni, Baba. Shi ya sha ƙasa domina."

Kwana uku Orozbek bai ci abincin kirki ba. Ba dukushin ya dame shi ba, yana da dawaki goma sha biyu. Abin da ke cinsa shi ne gari guda zai ga ɗansa ya ja ragama ya wuce shi.

Ranar walima aka kafa tantunan gashin tumaki a bakin rafi, aka ci nama da taliya, aka zagaya da nonon goɗiya. Ilgiz ya kamo ragamar dukushi ke nan, sai Orozbek ya miƙe ya cire riga.

"Kafin a raba kyauta," ya ce da ƙarfi, "bari a ga wanda ya cancanta. Sagindik, hau dokinka!"

"Haba, Orozbek, da wannan tumbin?" wani tsoho ya ce. "Ka tausaya wa dokin!"

"Kafaɗarsa fa, Baba!" in ji Ilgiz.

Sagindik ya goge maiƙo a hannu ya ce, "Bar shi, ɗana. Ɗayar tana nan."

Dawakin suka haɗa ƙirji. Orozbek ya cafki hannun Sagindik ya fizga, irin fizgar da ta ba shi kambu, mutumin ko gezau. Ya sake, ya kama wuya, ya kama ƙugu, ya zuba duk nauyinsa. Kamar yana jan turken barga. Zufa ta karyo masa, numfashi ya fara gagara, kuma yana ji a jikinsa cewa in Sagindik ya ga dama, murɗa ɗaya zai yi masa ya ga sama a ƙasa. Shewar mutane ta fara raguwa. Can ya hango Ilgiz ya sunkuyar da kai.

Sai Sagindik ya matso da baki kusa da kunnensa. "Hannunka ya yi sama, mutumina. Tun muna samari nake gaya maka. Sauke shi kan ɗamara, ka sa dokinka ya tura ta hagu."

Orozbek ya ji maganar har ƙashinsa. Ya tuna wannan raɗar. Ya sha jin ta a wannan fili shekaru talatin da suka wuce, kafin kowace faɗuwar Sagindik, ya kuma manta da ita ran da aka fara sa masa farar hula. Yanzu zaɓi biyu gare shi: ya ƙi ji ya sha ƙasa a gaban ɗansa, ko ya ji ya zama ɗalibi. Ya sauke hannun kan ɗamara, ya tura ta hagu.

Sagindik ya tafi ƙasa tim, ƙura ta tashi. Fili ya ɗauki ihu, "Orozbek! Orozbek! Tsohon gwani bai mutu ba!" Ana ta bubbuga masa baya, shi kuwa bai taɓa jin kayen da ya yi masa ɗaci kamar wannan ba. Ya sauko ya fizge ragamar dukushin daga hannun Ilgiz, ya je ya tsaya kan Sagindik da ke zaune yana riƙe da kafaɗa, ya jefa masa ita a cinya.

"Karɓi. Kuma kada ka ɗauka na daina jin haushinka. Ka ƙwace mini ɗa."

"Ban ƙwace ba, aro ka ba ni," Sagindik ya ce yana tofar da ƙasa. "Daga gobe ba shi da wanda zai kayar. In kana son ɗanka, ga fili nan."

Sagindik, mun gode. Allah ya hutar da gajiya, ya sa wa kafaɗar nan sauƙi. Ku kuma gwanayen da kuka tsufa kuna goge lambobinku, ku sauko ku ba yara jikinku, don gwani ba ya tsirowa daga kallon hoto a bango.

Mako uku ke nan Orozbek yana faɗuwa a bakin rafi. Bai iya ba tukuna, wani lokaci ya faɗi da wuri, wani lokaci taurin kai ya hana shi. Jiya Ilgiz ya kama shi a ɗamara ya tura, uban ya tafi ƙasa da gaske, ya ɗago da murna yana jiran ɗansa ya dube shi. Yaron kuwa ya riga ya juya wajen katanga, inda Sagindik ke zaune da hannu a rataye.

"Kawu, daidai ne?"

Sagindik ya girgiza kai, ya nuna Orozbek da haɓa. "Ni na yi murabus. Tambayi wanda ke ƙasa."